TARIHI: Aliyu Namangi, makahon Zazzau da ya bar wa Hausa Imfiraji

Da wuya a sami wanda ya tashi a ƙasar Hausa bai taɓa jin Waƙar Imfiraji ba. Wani ya ji ta a rediyo cikin watan azumi, wani a bakin makafi a ƙofar masallacin Juma'a, wani kuma a aji, ranar da malamin Hausa ya sa shi yanka baitocinta. Da yawa sun riƙe karin muryarta, wasu ma sun haddace wani yanki nata, amma kaɗan ne ke iya faɗin wani abu game da mutumin da ya tsara ta. Shi ne Alhaji Aliyu Namangi na Zariya, wanda aka haifa a 1894, ya rasu a 1990. Ya makance tun yana ƙarami, saboda haka bai taɓa ganin ko harafi ɗaya na littattafan da ke ɗauke da sunansa ba.

Zazzau da ya buɗe kunne a cikinta

Lokacin da aka haife shi, Zazzau na ƙarƙashin Daular Sakkwato, Sarki Yero na kan gadon mulki. Yana ɗan shekara takwas sojojin Ingila suka shiga Zariya a 1902, aka tuɓe Sarki Kwasau, aka naɗa Aliyu Ɗan Sidi a 1903. Kafin ya kai shekara ashirin, jirgin ƙasa ya iso, Sabon Gari da Tudun Wada suka fara tsirowa a bayan ganuwa, baƙin mutane da baƙin kaya da baƙin ɗabi'u suka riƙa kwararowa. Ya rayu a zamanin sarakunan Zazzau takwas: Yero, Kwasau, Aliyu, Dalhatu, Ibrahim, Ja'afaru, Muhammadu Aminu da Shehu Idris. Yana raye aka yi mulkin mallaka, aka ba da 'yancin kai a 1960, aka yi yaƙin basasa, aka kafa Jamhuriya ta Biyu aka kuma rushe ta. Duk wannan da kunne ya shaide shi.

Birnin da ya girma a cikinsa birnin malamai ne. Zariya ta daɗe da yin suna wajen karatun nahawu da lugga, ɗalibai na zuwa zaurukanta daga nesa. Haka kuma birnin mawaƙa ne, domin Sarki Aliyu Ɗan Sidi da kansa shahararren marubucin waƙoƙi ne, kuma ana nazarin waƙoƙinsa har yau. Yaron da ya tashi a irin wannan wuri zai ji ana rera Ishiriniya da Alburda a masallatai da zauruka, ya kuma ji makaɗa da maroƙa a gidajen biki da dandali. Waɗannan muryoyi biyu su ne daga baya suka haɗu a bakin Namangi.

Makanta a wancan zamani ba baƙon abu ba ce. Agana da kyanda da ciwon idon da ba a samu magani ba sun raba yara masu yawa da ganinsu. Al'umma kuma ta riga ta yanke wa makaho matsayinsa: sanda, ɗan jagora, ƙoƙon bara, da unguwar makafi ƙarƙashin Sarkin Makafi. Tsarin ya ba makaho abinci da mafaka da shugabanci, amma bai yi masa tanadin zama wani abu da ya wuce mai karɓar sadaka ba. Makarantar makafi ta farko a Arewa, wadda 'yan mishan suka buɗe a Gindiri, sai a 1953 ta samu, lokacin Namangi na dab da shekara sittin.

Karatu da kunne

Ƙofa ɗaya ce ta kasance a buɗe ga yaro irinsa, wato karatun addini. Tsarin karatun allo da na zaure ya dogara sosai ga ji da maimaitawa da hadda. Malami ya biya, ɗalibi ya amsa, a sake biyawa har ya zauna. Littattafai da yawa na fiƙihu da tauhidi da nahawu a waƙe suke, an tsara su ne domin a riƙe su a ka. A irin wannan makaranta, makaho mai kaifin ƙwaƙwalwa na iya zama kafaɗa da kafaɗa da mai ido, wani lokaci ma ya wuce shi, tun da ba shi da takardar da zai jingina da ita.

Ta wannan hanya Namangi ya yi karatunsa har ya zama malami. Waƙoƙinsa shaida ne a kan zurfin abin da ya sani: tarihin Annabi (SAW) da sahabbansa, hukunce-hukuncen ibada, bayanin mutuwa da kabari da tashin ƙiyama, da kalmomin Larabci da yake sarrafawa cikin Hausa ba tare da sun yi wa mai sauraro nauyi ba. Ya san ilimin aruli, wato ma'aunin waƙa, a aikace, domin kunnen da ya saba da rera waƙoƙin Larabci ba ya barin ɗango ya karye bai ji ba.

Yadda yake aiki ma abin lura ne. Mawaƙi mai ido yana rubutawa, ya soke, ya gyara, ya ajiye takarda ya dawo gobe. Namangi a zuciyarsa yake tsara baiti, ya auna shi da murya, ya riƙe shi tare da ɗaruruwan da suka gabace shi, sannan ya rera, wasu su rubuta. Wannan ne ya sa waƙarsa ke da sauƙin shiga kunne da sauƙin hadda. An gina ta ne a baki tun daga tushe, takarda daga baya ta zo.

Imfiraji

Sunan waƙar daga Larabci yake, ma'anarsa yayewar ƙunci da samun buɗi bayan tsanani. Doguwar waƙa ce mai kashi-kashi, waɗanda aka buga suka shahara guda tara ne, kuma tana cikin mafi tsawon waƙoƙin Hausa da aka taɓa bugawa. Ba a zama ɗaya aka yi ta ba, ya ɗauki shekaru yana ƙara mata sassa.

Tsarinta 'yar ƙwar biyar ce: kowane baiti ɗango biyar, huɗun farko na da amsa-amonsu na ciki, na biyar kuma ya koma ga babban amsa-amon da ke ɗinke waƙar. An fi saninta da faɗuwa a kan gaɓar "ba", wadda a Hausa ita ce ke rufe jimlar korewa. Wannan zaɓi ya dace da mai wa'azi, domin yana ba shi damar rufe baiti da abin da ba ya ɗorewa, ko abin da bai kamata ba, ko abin da ba zai amfani mutum ba ranar da aka rufe shi da ƙasa. Ɗangayenta gajeru ne, masu nazari na auna su da karin Ramal.

Jigoginta sun haɗa da yabon Annabi (SAW) da begensa, da tuna mutuwa, da gargaɗi kan ruɗin duniya, da horo ga neman ilimi, da suka ga shaye-shaye da caca da karuwanci da sauran abubuwan da yake jin suna yaɗuwa a biranen zamaninsa. Waɗannan jigogi ba sababbi ba ne. Tun ƙarni na 19 Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da 'yarsa Nana Asma'u da ɗansa Isan Kware da almajiransu suka mai da waƙa makarantar talakawa, musamman mata da mutanen karkara da ba su jin Larabci. Namangi magajin wannan hanya ne.

Abin da ya bambanta shi shi ne yadda yake zana hoto. In ya zo bayanin mutuwa, yakan bi da mai sauraro mataki-mataki, daga shimfiɗar jinya zuwa wanka da likkafani, zuwa makara, zuwa komawar masu rakiya gida, har zuwa yadda magada ke juyawa ga dukiya. In ya zo siffanta mai shashanci, yakan kawo tafiyarsa da adonsa da maganarsa har mai sauraro ya yi dariya kafin ya gane cewa da shi ake. Mutumin da bai ga fuskar kowa ba tun ƙuruciya ya zama ɗaya daga cikin waɗanda suka fi iya nuna wa Hausawa kamanninsu. Ya tattara hotunan nan ne daga hirar zaure da hayaniyar kasuwa da abin da mutane ke faɗa a gabansa suna zaton makaho ba ya lura.

Yadda ya ari karin caji

A zamanin da ya fara tsara Imfiraji, akwai wani kiɗa da ake kira caji wanda ya kama zukatan samari da 'yan mata, malamai kuwa na ƙyamarsa saboda irin kalmomin da ake ɗora masa da wuraren da ake yinsa. Abin da aka saba shi ne malami ya hau mumbari ya la'anci kiɗan da masu yinsa. Namangi ya bi wata dabara: ya ɗauki karin cajin da kansa, ya zuba masa yabon Annabi da wa'azi, da nufin wanda bakinsa ya saba da wancan kari ya sami abin da zai rera a madadinsa. Masu nazarin adabin Hausa na gida da na waje sun daɗe suna kawo wannan a matsayin babban misali na yadda waƙar baka da rubutacciyar waƙa ke cuɗanya.

Sakamakon ya fito fili. A yau mutane ƙalilan ne za su iya tuna waƙoƙin caji na asali, amma karin ya rayu a cikin Imfiraji. Akwai darasi a nan ga duk mai son isar da saƙo ga jama'a, ɗan siyasa ne ko ɗan gwagwarmaya ko malami: mutane sun fi saurin karɓar magana idan ta zo musu da muryar da suka riga suka sani. Mawaƙan siyasar shekarun 1950, na NEPU da na NPC, da wannan fahimta suka yi aiki. Zamanin Sa'adu Zungur da Mu'azu Haɗeja da Aƙilu Aliyu da Mudi Sipikin ne, lokacin da waƙa ke yin aikin da jarida da rediyo da kafafen sada zumunta ke yi yanzu. Namangi ya tsaya a fagen addini da gyaran hali, amma yawan masu sauraronsa bai gaza na kowa a cikinsu ba.

Ba wa'azi kaɗai ya iya ba. Waƙar Keke, wadda aka daɗe ana karantawa a makarantu, ta raha ce, inda ya sa keke a gaba da zambo kan wahalar da yake jawo wa mai hawansa. A cikinta ana jin yadda mutanen wancan lokaci suka karɓi kayan zamani, da sha'awa da tsoro da dariya a haɗe. Ya kuma sauke farali, ya ziyarci Madina, kuma begen wannan birni da mai birnin ya ratsa waƙoƙinsa.

Daga baki zuwa maɗaba'a

Sa'ar da Namangi ya yi ita ce zamansa a garin da ya zama cibiyar buga littattafan Hausa. A Zariya aka fara buga jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939, Abubakar Imam na editanta. A nan aka kafa Kamfanin Gaskiya a 1945, sannan hukumar NORLA a shekarun 1950, wadda ta buga littattafai masu yawa domin yaƙi da jahilci, sai kuma kamfanin NNPC a 1966. Ta wannan hanya Waƙoƙin Imfiraji suka shiga rubutun boko, suka isa makarantu da kantunan littattafai, aka riƙa sake buga su.

Sai dai kafin maɗaba'a da bayanta, akwai wasu masu yaɗa waƙar da ba a cika ambata ba, su ne makafi masu bara. Sun haddace Imfiraji, suna rera ta ƙungiya-ƙungiya, ɗaya na ja saura na amsawa, daga kasuwa zuwa tasha, daga gari zuwa gari, har cikin Nijar da zangunan Hausawa na wasu ƙasashe. Sun kai ta gidajen da littafi bai taɓa shiga ba. Ita kuma ta ba su abin da za su miƙa wa mai sadaka, ta yadda mai bayarwa ke komawa gida da tunatarwa. Daga baya rediyo da kaset suka karɓa, kuma rerawar Fauziyya Sarki Abubakar ta sa wani sabon zubi na matasa ya san waƙar.

Daktan da bai shiga aji ba

An kafa Jami'ar Ahmadu Bello a 1962, ta haɗa da Cibiyar Koyon Mulki da ke Kongo, wadda ta girmi jami'ar kanta, inda aka horar da akawuna da alƙalai da ma'aikatan En'e da suka riƙe Arewa. Wannan jami'a ce ta ba Aliyu Namangi digirin girmamawa na dakta, abin da ya sa ake kiransa Dakta Aliyu Namangi. Hausawa na cewa ido wa ka raina, ya ce wanda nake gani kullum. A wannan karon Zariya ba ta raina nata ba. Cibiyar ilimin boko mafi girma a Arewa ta amsa cewa abin da wannan makaho ya tsara a zuciyarsa ilimi ne, kuma ya cancanci a yi masa darajar da ake yi wa manyan masana. Tun daga lokacin ɗalibai da dama sun rubuta kundayen digiri a kan waƙoƙinsa.

Tarihi na da irinsa a wasu wurare. Abdullahi ɗan Ummu Maktum, makahon sahabin da Suratu Abasa ta sauka a kansa, ladani ne a Madina, kuma Annabi (SAW) ya sha barin sa ya kula da birnin idan ya fita. Abul Ala'il Ma'arri, wanda agana ta makantar yana ɗan shekara huɗu, ya rasu a 1057 yana cikin manyan mawaƙan Larabci. Ɗaha Husaini na Masar ya makance yana yaro, ya yi digirin dakta a kan Ma'arri a 1914, ya zama Ministan Ilimi a 1950, ya kuma yi fafutukar ganin karatu ya zama kyauta. Helen Keller ta Amurka, wadda ba ta gani ba ta ji, ta kammala jami'a a 1904. A ƙasar Hausa ma akwai Audu Makaho na Birnin Kabi, mai Waƙar Tabuka.

Bambancin Ɗaha Husaini da Namangi ya cancanci tsayawa. Dukansu da karatun Alƙur'ani suka fara, tsakanin haihuwarsu shekara biyar ce. Na farko ya sami Azhar da jami'ar zamani da tallafin zuwa Faransa, ya ƙare yana tsara manufofin ilimi na ƙasarsa. Na biyu ya sami zaure da kunnensa kawai. Abin da ya yi da su ya isa abin alfahari, amma yana kuma nuna yawan basirar da ƙasa ke asara idan ta bar makomar yaro makaho a hannun sa'a.

Bashin da ya rage

Shekara fiye da talatin bayan rasuwarsa, dokoki sun canja fiye da yadda rayuwa ta canja. Binciken makanta na ƙasa da aka gudanar tsakanin 2005 da 2007 ya ƙiyasta cewa 'yan Nijeriya fiye da miliyan ɗaya masu shekara 40 zuwa sama makafi ne, kuma kashi 84 cikin ɗari na makantar abu ne da ake iya hanawa ko warkarwa. Yanar ido, wadda aikin tiyata na ɗan lokaci ke cirewa, ita ce kan gaba. Binciken ya kuma nuna matsalar ta fi tsanani a Arewa.

A watan Janairun 2019 Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu a dokar hana nuna wariya ga masu buƙata ta musamman. Dokar ta tanadi karatu kyauta har zuwa sakandare, da ware aƙalla kashi 5 cikin ɗari na guraben aikin gwamnati, da wa'adin shekara biyar domin gyara gine-ginen jama'a yadda kowa zai iya shiga. Wa'adin ya cika a Janairun 2024. Dokar Zaɓe ta 2022 ta ba makaho damar zuwa rumfar zaɓe da wanda ya amince da shi, ta kuma ɗora wa INEC nauyin samar da kayan taimako irin su rubutun makafi na Braille. Nijeriya ta kuma amince da Yarjejeniyar Marrakesh a 2017, wadda ta sauƙaƙa mai da littattafai zuwa sigar da makafi za su iya karantawa.

A ɗaya gefen, bayan harin bam da aka kai Sabon Garin Zariya a Yulin 2015, gwamnatin Jihar Kaduna ta hana bara a tituna, makafi da guragu da kutare suka fito suna ƙorafin cewa an rufe musu hanyar abinci ba a buɗe wata ba. Muhawarar ba ta mutu ba har yau, a Kaduna da Kano da sauran jihohi. Masu goyon bayan hanin na da hujjarsu ta tsaro da mutunci, masu adawa na da tasu ta yunwa. Rayuwar Namangi ta ƙara wa muhawarar tambaya ta uku: a cikin waɗanda ake kora daga bakin titi, nawa ne ke da irin ƙwaƙwalwarsa, kuma wace makaranta aka tanadar wa 'ya'yansu da ke jan sanda a lokacin da ya kamata suna aji?

Amsar wannan na hannun waɗanda ke karatun shari'a da harkokin mulki a Kongo a yau, da takwarorinsu na sauran jami'o'i, domin su ne za su zama alƙalai da manyan sakatarori da 'yan majalisar da za su aiwatar da dokar 2019 ko su bar ta a takarda. Akwai ma'auni mai sauƙi da za su iya farawa da shi: ko ɗalibi makaho a Zariya zai iya shiga ɗakin karatu na makarantarsa ya sami Waƙoƙin Imfiraji a rubutun da yatsunsa za su karanta.

Aliyu Namangi ya rasu a 1990 yana da kimanin shekara 96. Allah Ya jiƙansa, Ya sa Aljanna ce makomarsa.